Fuskar Inna a Farin Ƙyalle

Wasunku sun ce na cika zafi. Wai Dikko mutumin kirki ne, in sassauta masa. To, ku saurara.

Wanda bai san farkon zancen ba, ga shi a taƙaice. Sunana Barakatu, 'yar Malam Shitu da Luba mai fura, a Riruwai, garin kuza. Dikko ɗan Bebeji ne, ma'aikacin majigi, shi ke riƙe da akwatin ɗaukar hoto. Ya gan ni a wurin talla, ya turo manyansa, Baba ya karɓi goro. Shekarar 1957 ke nan. Yau zan gaya muku abin da ya yi wa uwata. In kun gama, ku sake ba ni shawara in kuna da ita.

Ku fara sanin gidanmu. Inna ba ta ɗora tukunya sai ta yi shara, in ta sauke kuma ta sake yi. Daɓen tsakar gida da makuba aka yi shi, kowace kaka tana sabunta shi da hannunta. Kowace randa da faifanta da moɗarta, kuma moɗa ba ta taɓa ƙasa. Ruwan dama fura sai an tafasa, an tace da ƙyallen akoko. Na sha dundu a kan ƙyallen nan fiye da yadda na sha a kan karatun allo. Ƙwaryar tallata fara sol, kamar ba a taɓa zuba komai a ciki ba. Leburorin bariki suna wuce sauran masu fura su jira ni. Ba mu da shanu, ba mu da soro. Abin da muke da shi ke nan, a ce furar Luba.

A shekarun nan kurkunu ya addabi garin. Damina na kankama sai ka ga ƙato zaune a gindin bango, ƙafa a kumbure, yana naɗe farar tsutsa a tsinke kaɗan-kaɗan. Gona ta lalace, aiki ya tsaya. Tsofaffi suka ce a jini yake, gado ne. Mutanen kamfanin kuza suka ce ƙazantar 'yan gari ce. Dikko ya ce duk ba haka ba ne. Ya bi ramukan da kamfani ya haƙa ya bari, ruwa ya kwanta a ciki kore shar. Wankin kuza ya mai da rafinmu jar laka, sai mutane suka koma shan ruwan ramukan. Mai kurkunu ya tsoma ƙafa don ya ji sanyi, mai tulu ya ɗiba a gefensa. Ya kai wani malamin asibiti ya gani, malamin ya ce masa haka ne.

Wannan zancen yake yi mini a zaure, maimakon irin wanda samari ke yi. Zai zo da wandon kaki da 'yar shara fara, hula a karkace, ya jingine keke, ya zauna can a bakin tabarma.

"Da ɗaukar kaya na fara," in ji shi. "Akwatin inji a ka, in mota ta kafe a dajin Falgore. Daga nan na koma juya faifan majigi. Rigimar lambar rigakafin agana da aka yi a Kiru, da mutane suka ɓoye 'ya'yansu a rumbu, ni na ɗauka, amma sunan Bature aka sa. Wannan na kurkunu nawa ne, daga farko har ƙarshe."

"To ni ina ruwana da kurkunu? Zance ka zo ko wa'azi?"

"Duka biyu."

"Na farkon ban ji shi ba tukuna."

Ya yi dariya. Ina son dariyarsa, ba zan ɓoye muku ba. Ita ta cuce mu.

Ran nan ya nemi ganin Baba. Ina bayan ƙofar zaure, na ji komai. Ya ce Baturen da yake shugabansu ba ya yarda da majigi sai an yi shi gida biyu, gidan mai tsabta da gidan ƙazama. Haka suke yi kullum, don mutane su gwada su gani. Matar akawun kamfani ta yarda ta zama mai tsabta. Saura ƙazama. Ya zaga gari, babu magidancin da ya yarda a shiga masa gida da akwati.

"Wato gidana ka ga ya dace da ƙazanta," in ji Baba.

"Allah ya kiyaye, Baba. Wasa ne. Kamar tashe."

"Tashe?"

"Yadda yaro ke manna gemun auduga ya zama tsoho. Kowa ya san ba tsoho ba ne. Duk garin nan wa bai san Inna ba? Za a yi dariya, a ɗauki darasi, a watse."

Baba ba ya son a ce surukinsa ya roƙe shi abu na farko ya hana. Ya leƙa ya kira Inna. Ta tsuguna a bakin ƙofa, ta ji bayani, ta rufe baki da gefen mayafi tana dariya.

"Ni ce ƙazamar? To ai sai ku koya mini, ban iya ba."

Suka koya mata. Da hantsi suka zo, lokacin kaka. Suka kawo shara kwando-kwando daga bayan kasuwa suka zuba a daɓen Inna. Ƙuda bai zo ba, don bai san hanyar gidan ba, sai aka aika wurin mahauta aka karɓo tumbi aka tura cikin sharar. Aka tsefe mata kitso, aka shafa mata toka a fuska da ƙafafu, aka ba ta wani tsumman bunu da ban san inda aka samo shi ba. Randunanta da faya-fayanta da ƙyallen tacewa kuwa, aka kwashe aka kai gidan akawu, don na matarsa ba su yi kyau a hoto ba. Da kayan Inna aka yi tsabtar.

Aka kai ta bakin rami. Dikko ya ce ta duƙa ta ɗibi ruwa da ƙoƙo ta kai baki, kada ta sha. Ta yi, dariya ta ƙwace mata. Aka sake, ta sake fashewa.

"Inna, ki ɗaure fuska," in ji shi. "Ki yi kamar kin gaji da duniya."

Ta ɗaure. Ya juya hannun akwatinsa.

Da suka tafi muka wanke gidan har la'asar muna dariya. Inna tana kwaikwayon tafiyar ƙazama, Baba yana cewa Allah ya shirye ku. Aka aika da hoton Ikko a wanke. Muka manta.

Sai da bazara motar majigi ta dawo. Mai shela ya zaga: bayan magariba, a filin kasuwa. Inna ta ƙunsa lalle tun ana gobe. Ta ɗaura atamfarta ruwan goro, wadda ba ta fito da ita sai salla, ta sa murjani, ta kira ƙawayenta su zo su ga wasanta. Ni na ɗaura saƙi da jar fatala, don na san Dikko zai dubi wajen mata. Muka zauna a gaba.

Majigi ba ya magana. Mutum ne ke tsayawa a gefen mota da lasifika yana bayani. Nasu sunansa Sunusi, ɗan birni, baki kamar na ɗan kama.

Aka fara da ramuka, da mutane zaune da ƙafafu a kumbure. Fili ya yi tsit, kowa ya ga ɗan'uwansa. Sai ga matar akawu tana tace ruwa a randarmu.

"Jama'a, ga Mai Tsabta," in ji Sunusi. "Ku dubi randa, ku dubi faifai. Mijin wannan ya more."

Sai ga Inna. Fuskarta ta cika farin ƙyallen majigin, ta fi ƙofar zaure girma. Ƙuda a goshi, ƙuda a leɓe.

"To, ga uwar ɗakin ƙudaje ta fito! Ƙazama, barka da yamma! Rabonta da wanka tun zuwan Turawa. Tsintsiya ta yi yaji a gidan nan, an yi biko ta ƙi dawowa!"

Aka fashe da dariya. Inna ma ta yi, ta dafa ƙawarta. Sai wani daga baya ya ɗaga murya: "Kai, ai Luba ce! Luba mai fura!"

Sunusi ya cafe. "Fura take yi? Innalillahi! Wa ya sha? Duk wanda ya sha ya ɗaga hannu mu yi masa addu'a!"

A jikin ƙyalle Inna ta duƙa, ta kai ƙoƙo baki. Ba a nuna inda ta zubar ba. Abin da ya biyo baya ƙafa ce kumburarriya, da tsutsa a rataye. Ba ƙafarta ba ce. Ta wani lebura ce, na san shi, yana sayen furarmu. Amma an manna ta a bayan fuskar Inna, kuma babu wanda ya ce ta wani ce.

Dariyar ta canza. Da kunnena na ji ta canza. Ƙawar da Inna ta dafa ta ɗan janye kafaɗa. Inna ta sauke hannu, ta ja mayafi ta rufe murjaninta. Ba ta tashi ba. Ta zauna har aka kashe inji, bayanta a miƙe.

Ga abin da ba mu hango ba, mu da Dikko duka. Ɗan tashe yana cire gemunsa a gaban mutane, ya tafi gida da sunansa. Majigi ba ya cire komai. Kuma rabin mutanen filin nan baƙi ne, leburori daga ko'ina, ba su taɓa taka tsakar gidanmu ba. Waɗanda suka taka ma sai suka ce ai hoto ba ya ƙarya, wataƙila sai za a yi baƙi ake sharewa.

Kashegari na ɗauki talla. Na zaga bariki, na zaga bakin rami, na zaga tasha. Wani ya ɗaga faifai ya leƙa, ya ce, "Ina ƙudajen, ko an tsame?" Abokansa suka kwashe da dariya. Na dawo da ƙwarya yadda na fita da ita. Inna ta duba, ta juye wa awakin maƙwabta. Gari ya waye ta sake dakawa. Na sake dawowa da ita. Ta ci gaba da daka kullum, har Baba ya ɗauke taɓaryar ya jefa kan rumbu.

A wani gidan suna wata mata ta tare ta da fuskar tausayi: "Luba, ya ƙafar? Ya fita?" Uwata, da furfurarta, ta ɗage zane har gwiwa a tsakiyar mata, ta nuna musu ƙafafunta ɗaya bayan ɗaya. Tun ranar ba ta sake fita ba.

Motar kuwa ta wuce Doguwa, ta wuce Tudun Wada. Direbobi suna dawo mana da labari. A Tudun Wada har an mai da shi waƙa.

Baba ya tara kayan da Dikko ya kawo, turmin atamfa da sabulu da kwalbar turare da 'yan kunne. Ya ɗaure a tsohon zane, ya kira ƙanwarsa Gwaggo Baturiya, dillaliya, wadda duk saƙonmu ni da Dikko ta bakinta yake bi.

"Ki mayar masa."

"Yaya, a bari ya dawo a ji ta bakinsa mana."

"Na ji ta bakinsa. Tashe ya ce."

"Yarinyar fa?"

Baba ya dube ni. "Kina da magana?"

"Babu, Baba."

Akwai. Amma ba ta kare Dikko ba ce.

Da motar ta dawo Riruwai don ta fake wa damina, Gwaggo ta fara safara. Za ta shigo da ƙullin kayanta, ta baje zannuwa a ɗakina kamar ciniki muke, ta rage murya.

"Ya ce a gaya miki ya kasa cin abinci."

"Ki ce masa akwai fura."

Ta tafi ta dawo. "Ya ce ba shi ya yi magana a lasifika ba."

"Ki tambaye shi wa ya manna ƙafar."

Ta tafi ta dawo. "Ya kauce wa tambayar, ya ce ko kin san Hakimi ya kalla, ya ce a haƙa rijiyoyi? Ke 'yar nan, ƙafata ta gaji. Ni dillaliyar zane ce, ba ta faɗa ba."

Kayan kuwa ya ƙi karɓa, suna ɗakin Gwaggo a ƙarƙashin gado.

Ran da hadari ya fara haɗowa na shiga ɗakin Inna. Tana zaune tana goge kwanukan jerenta, waɗanda babu ko ɗigon datti a jikinsu. Ta rame, wuyanta ya fito.

"Baraka, an ce in ruwa ya ɗauke motar Kiru za ta?"

"Haka aka ce."

"Iya tana nan da ranta."

Iya kakata ce, mahaifiyar Inna, a Kiru take. Ita ta koya mata tace ruwa, ita ta yi mata jere, ita ke cewa a cikin 'ya'yanta Luba ce ta ɗauko ta. Ba ta fita, amma jikoki za su je kallo su dawo su ba ta labari.

"Riruwai na haƙura," in ji Inna. "Nan baƙuwa ce ni. Amma Kiru, a can aka binne cibiyata. Ki taya ni roƙon Allah ya ɗauke ni kafin kaka."

Ta ci gaba da goge kwano.

Ban yi kuka ba. Na ɗauki mayafi, na biya na ɗauko Gwaggo, muka nufi barikin da motar take.

Sunusi na fara tararwa, yana kwance a inuwar mota yana sakace haƙori.

"A'a, amaryarmu! Yau babu fura?"

"Akwai tumbin da kuka bari a gidanmu. In kawo maka?"

"Haba, wasa ne fa. In ban sa su dariya ba, watsewa suke kafin a zo kan darasi."

"Uwarka tana da rai?"

Ya tashi zaune. "Gwaggo, ja mata kunne mana."

"Ni ma amsar nake jira," in ji Gwaggo.

Ya ɗauki takalmansa ya zaga bayan mota.

Dikko yana cikin rumfa, faifan majigi a gabansa, da almakashi da 'yar kwalbar gam. Ya miƙe. Shi ma ya rame. Ban ji tausayinsa ba. To, na ji, amma na danne.

"Barakatu."

"Ba gaisuwa na zo ba, Malam. Almakashin nan yana yanka?"

"Yana yanka."

"Cire uwata."

"Zauna mana."

"Cire ta ina tsaye."

Ya shafa fuska. "Na roƙi Bature tun a Doguwa. A Tudun Wada na karɓi lasifika da kaina kafin a fara, na ce jama'a wasa ne. Babu wanda ya ji, suna ta kiran a fito da Ƙazama. Bature ya ce in babu ƙazama babu majigi. Kin san me ya sa? Mutanen kamfani sun so a hana shi gaba ɗaya saboda ramukan. Da gidan ƙazamar aka rufe musu baki, aka ce ga shi an nuna laifin 'yan gari ma. In na cire Inna, ramuka kawai suka rage, kuma ranar za a kulle faifan a akwati. Ni kuma in koma ɗaukar kaya, in ma an bar ni."

"Wato da fuskar uwata ka fanshi ramukanka."

"Ban san haka zai zama ba."

"Da kake manna ƙafar wani a bayanta, me ka sani?"

Ya ce a hankali, "Na san zai fi shiga zuciya."

"Ya shiga."

"Barakatu, bi ta bayan kasuwa ki gani, an fara haƙa rijiya. Tun yaushe ake rigimar nan? Tsofaffi na cewa gado, kamfani na cewa ƙazanta. Sai da mutane suka ga ramin da idonsu. A Kiru da Bebeji ma akwai kududdufai, akwai masu jan gindi da ƙafa a kumbure. In tsayar da shi saboda gida ɗaya?"

Ga abin da ya fi ƙona ni: gaskiya ya faɗa. Na ga rijiyar a hanya. Na ga matan bariki suna tace ruwa da gefen zane, abin da Inna ta daɗe tana gaya musu ba su ji ba. Da ƙarya ya yi, da na tofa masa yawu na tafi gida na huta.

"To ka sa wata mana," in ji Gwaggo. "Ka ɗauki wata ƙazamar ka manna. Damina na da tsawo, ka aika Ikko a wanke kafin kaka."

"Na nema, Gwaggo. Har mata masu zaman kansu na tambaya. Ɗaya ta ce ita mutuncinta bai zube haka ba. Duk wadda ta ga abin da ya sami Inna ba za ta tsaya gaban akwatin nan ba."

Iska ta taso, rumfar ta yi ƙara. Na dubi akwatin hoton, yana tsaye a kan ƙafafunsa na katako, an lulluɓe shi.

"Bature ya ce lalle sai tsohuwa?"

"A'a. Mace dai."

Na cire mayafi na miƙa wa Gwaggo. Na kwance fatala. Na fara tsefe kitsona.

"Ke! Barakatu! Kin haukace? A gaban namiji?"

"Gwaggo, samo mini toka."

Dikko ya ja da baya. "A'a. Wallahi a'a."

"Don me?"

"Ke budurwa ce. Kin san abin da za a ce. Har abada ba za ki..." Ya tsaya.

"Ƙarasa. Ba zan sami miji ba? Ai ina da shi. Ko ba kai ka ƙi karɓar kayanka ba?"

"Bayan Kiru, Bebeji za mu. A ƙofar gidanmu ake kafa ƙyallen. Tsohuwata a gaba take zama. Gwaggonnina da suka kawo miki kaya duk sun san ki."

"Madalla. A Kiru babu wanda ya san fuskata, rabona da garin tun ina goye. A Bebeji kuwa sai tsohuwarka ta ga surukarta kafin a kai mata ita."

"Baba ba zai yarda ba."

"Wannan tsakanina da shi ne. In ya ga dama ya yi mini dukan da bai taɓa yi ba."

Na matsa kusa da shi fiye da yadda na taɓa matsawa.

"Ka ce darasin ya fi gida ɗaya. Na yarda. To ga gida ɗaya, naka. Ka ɗauke ni da ƙuda a fuska, ka manna mini ƙafar da ka ga dama, Sunusi ya faɗi duk abin da bakinsa ya iya. In an kashe inji a Bebeji, ka miƙe a gaban tsohuwarka da dangi ka ce wannan ita zan aura. In ba za ka iya ba, to yau ka san abin da ka roƙi ubana."

Ya zauna, ya jawo faifan, ya dinga warware zaren hoton yana ɗagawa sama yana dubawa. Ya sa almakashi ya datse, ya ci gaba da warwarewa, ya sake datsewa. Ya naɗe abin da ya cire, ya miƙa wa Gwaggo da hannu biyu.

"A kai wa Inna. Wannan ba zai je Kiru ba, ko me zai faru."

Gwaggo ta karɓa da 'yan yatsu kamar garwashi. Ta ƙulle a bakin zane. Ta fita, ta je murhun leburori, ta dawo da toka a tafin hannu.

"Ungo. Allah ya isa tsakanina da ku duka."

Na shafa a fuska, na shafa a wuya, na shafa a ƙafafu har kan lallena.

"Saura gurbi, Malam. Ko ka cike shi da ni, ko Bature ya kulle maka ramukanka. Ina bakin ramin, kafin ruwa ya sauko."

Na fita. Na ratsa tsakiyar bariki kai babu ɗankwali, gashi a tsefe, fuska fari fat. Leburori suna zaune a ƙofofinsu, har da wanda ya ɗaga mini faifai. Babu wanda ya yi dariya. Na so su yi, ina da amsar kowa a bakina.

Ku da kuka ce in sassauta, ga abin da ban gaya wa kowa ba. Har na kai bakin ramin ban san wanne nake roƙo ba. In bai zo ba, ya zaɓe ni ya bar aikinsa, kuma mutanen Kiru su ci gaba da naɗe tsutsa a tsinke. In ya zo, to ya iya yi wa matarsa abin da ya yi wa uwata, ido buɗe wannan karon.

Na tsaya ina kallon koren ruwan. Ban waiwaya ba.

Sai na ji ƙafafun akwatin suna karo da juna a bayana.